“Overpowered”: Kalmar Da Ke Nufin Wanda Aka Danne, Take Kuma Nufin Wanda Ƙarfi Ya Yi Wa Yawa

Ga jimloli biyu na Turanci, a ajiye su kusa da juna. Ta farko: “The guard was overpowered.” Ta biyu: “The engine is overpowered.” Kalmar da ke ƙarshensu ɗaya ce, ko harafi bai bambanta ba. Amma maigadin da ke jimlar farko yana ƙasa an danne shi, injin da ke ta biyu kuwa ƙarfi ne ya yi masa yawa. Ɗaya an fi ƙarfinsa, ɗaya ya fi ƙarfin aikin da aka ba shi. Wanda bai lura da wannan ba yana iya rubuta akasin abin da ke zuciyarsa, kuma ƙamus ba zai cece shi ba, domin duka ma'anonin biyu suna ciki.

Dalilin wannan fuska biyu yana cikin ginin kalmar. A zahiri kalmomi biyu ne da suka yi kama kamar tagwaye, kowace da hanyar da ta biyo.

Ɓangaren farko, “over”, tsohuwar kalmar Ingilishi ce, kuma idan aka liƙa ta a gaban wata kalma tana yin aiki iri biyu. Wani lokaci tana nufin hawa kan abu ko rinjayarsa, kamar a “overthrow”, wato kifar da gwamnati, da “overtake”, wato wuce motar da ke gabanka. Wani lokaci kuma tana nufin wuce kima, kamar a “overload”, lodin da ya fi ƙarfin mota, da “overdose”, shan magani fiye da ƙa'ida. Ɓangare na biyu, “power”, daga Faransanci ta shigo Ingilishi, cikin ɗimbin kalmomin da suka kwararo bayan Normawa, mutanen arewacin Faransa, sun ci Ingila da yaƙi a 1066. Da aka haɗa “over” ta rinjaye da “power”, sai aka sami aikatau “overpower”, fin ƙarfin wani, wanda ake gani a rubuce tun ƙarshen ƙarni na 16. Idan aka ƙara masa “-ed” ya zama “overpowered”, an fi ƙarfinsa. Wannan tagwai na farko ke nan.

Na biyu ya zo daga baya, zamanin injina. Akwai sifa “powered”, abin da aka sa wa ƙarfin da zai motsa shi, kamar “solar-powered” ga fanka mai aiki da hasken rana. Aka kawo “over” ta wuce kima aka ɗora mata, aka sake samun “overpowered”, amma yanzu da ma'anar an ba shi ƙarfi fiye da buƙata. Bahaushe ba ya shiga wannan ruɗani a harshensa, saboda “an fi ƙarfinsa” da “ƙarfinsa ya yi yawa” ba su yi kama ba ko a kunne.

Kafin a wuce, maganar furuci. Gaɓa huɗu ce, kuma nauyin murya yana kan ta uku, wato “pow”. Ƙarin “-ed” ba ya zama gaɓa ta biyar, sautin “d” ne kawai a ƙarshe. Matsalarmu ta gado ita ce “p” da “v”, waɗanda babu su a Hausa, har kalmar kan fito daga bakin wasu kamar “oba-fawa”. To fawa dai sana'ar mahauta ce. Leɓɓa biyu ake haɗewa a sake su da iska don a sami “p”, haƙoran sama kuma su taɓa leɓen ƙasa don a sami “v”.

Fin ƙarfi: inda aka fi cin karo da ita

A labarun jarida, ma'anar farko ce ke da rinjaye. Ranar 21 ga Agusta 2015, wani ɗan bindiga ya yi yunƙurin buɗe wuta a jirgin ƙasa na Thalys da ya taso daga Amsterdam zuwa Paris, fasinjoji suka yi masa taron dangi suka danne shi. Jimlar da ta dace da wannan ita ce “passengers overpowered the gunman”. Haka aka yi wa Richard Reid a Disamba 2001, lokacin da ya nemi tayar da bam ɗin da ya ɓoye a takalminsa cikin jirgin sama daga Paris zuwa Miami. A duka biyun akwai abubuwa uku da kalmar ke ɗauke da su: an yi arangama jiki da jiki, wanda aka rinjaya ya yi turjiya, kuma ƙarfi ko yawa ne ya yi aiki, ba dabara ko lallashi ba. Sarkin yawa ya fi sarkin ƙarfi, in ji masu iya magana, kuma yawancin inda za a ga “overpower” a labari, sarkin yawa ne ya yi halinsa.

Mai fassara ya kiyaye abu guda: kalmar ba ta cewa an kashe kowa. Idan rahoto ya ce “troops overpowered the attackers”, abin da ya halatta a rubuta shi ne sojoji sun fi ƙarfin maharan, ko sun ci galaba a kansu. “Sun hallaka su” ƙari ne da babu shi a Turancin. A shafin wasanni kuwa, inda aka ce wata ƙungiya ta yi “overpower” ɗin wata da ci 4 da nema, “lallasa” ta wadatar.

A nahawu, aikatau ne da ba ya tsayawa shi kaɗai, dole a faɗi wanda aka fi ƙarfi, kuma kai tsaye ba tare da wata 'yar kalma a tsakani ba. “They overpowered him” daidai ne. “They overpowered on him” kuskure ne, kuma a fili yake daga ina ya fito: “sun ci galaba a kansa” ce aka kwafa zuwa Turanci. Haka nan ba a amfani da ita a matsayin suna. Ba a cewa “he has overpower” da nufin yana da ƙarfi da yawa, sai dai “he has too much power”.

Tana da 'yan uwa da ake yawan musanya ta da su. “Overcome” ta fi dacewa da abin da mutum ya sha fama da shi ya fita, kamar tsoro, talauci ko ciwo. “Overwhelm” ta yawa ce da ta sha kan mutum, kamar asibitin da marasa lafiya suka yi wa yawa, ko ma'aikacin da takardu suka binne. “Overrun” ta mamaye wuri ce, gari ko sansani. Sai kuma “empower”, wadda duk wanda ya san rabon kekunan ɗinki da babura da 'yan siyasa ke yi da sunan “empowerment” ya saba da ita. Ita ba da ƙarfi take nufi. Wanda ya rubuta cewa shirin gwamnati zai yi “overpower the youth” ya ce za a murƙushe matasa ne, ba tallafa musu ba.

Daga kokawa kalmar ta tsallaka zuwa hanci da harshe da kunne. Idan daddawa ta yi yawa a miya har ba a jin kifi ba a jin tattasai, Bature zai ce ta yi “overpower the soup”. Idan ganga ta danne muryar mawaƙi, haka. A nan ne sifa “overpowering” ke aiki: “an overpowering smell” shi ne warin ko ƙamshin da ya cika ɗaki har ya hana sakat, irin turaren da ke sa ciwon kai a cikin mota mai rufaffen gilashi. Mai “-ing” shi ne ke danniya, mai “-ed” shi aka danne. Turaren “overpowering” ne, fasinjan da ke neman iska shi ne “overpowered”.

Inji, kwalekwale da lasifika

A bakin injiniyoyi ma'ana ta biyu ce, kuma ba yabo ba ne. Cewa abu “overpowered” ne yana nufin ƙarfin injin ya wuce abin da gangar jiki, birki ko mai tuƙi za su iya riƙewa.

Misalin da ya fi fitowa fili shi ne ƙananan jiragen ruwa a Amurka. A can doka ta tilasta wa masu ƙera kwalekwale mai ɗaurarren inji a baya, wanda tsawonsa bai kai ƙafa 20 ba, su liƙa masa ɗan allo da ke nuna iyakar ƙarfin injin da zai ɗauka, a ma'aunin doki, wato “horsepower”. Lissafin ba ɓoyayye ba ne. Ana ninka tsawon jirgin da faɗin allon bayansa, inda ake ɗaura inji, duka a ma'aunin ƙafa. A ce tsawo ƙafa 16, faɗi ƙafa 6, an sami 96. Idan jirgin yana da sitiyari kuma tsayin allon bayan ya kai inci 20, sai a ninka 96 sau biyu a cire 90, a sami 102, a ɗaga zuwa 105. Idan kuwa da hannun injin ake tuƙa shi, babu sitiyari, ana ninka 96 da 0.8 a cire 25, abin da zai ba da kusan 52, a ɗaga zuwa 55. Jirgi ɗaya, amma iyakar ta ragu da kusan rabi saboda yadda ake sarrafa shi kawai. Wannan ya nuna cewa kalmar ba girman inji take aunawa ba, tana auna injin ne da abin da ke riƙe da shi. Wanda ya ɗaura inji mai doki 150 a wannan jirgi ya jawo abu uku: nauyin injin zai nutsar da baya ya ɗaga gaba, allon baya zai fara tsagewa saboda turin da ba a ƙera shi dominsa ba, sannan idan aka rage gudu farat ɗaya igiyar ruwan da ke biye za ta afka ciki ta baya.

Masu jiragen da iska ke turawa su ma suna cewa jirgi ya zama “overpowered” idan ƙyallen da aka baza ya yi wa iskar ranar yawa, jirgin ya karkace yana neman kifewa. Maganinsa a naɗe wani sashe na ƙyallen.

A wajen masu kayan sauti, aikatau ɗin ma kan ɗauki wannan ma'ana. “Don't overpower the speakers” gargaɗi ne kada a tura wa lasifika wutar da ta fi ƙarfinta. Lasifikar da aka rubuta mata wat 100, aka haɗa ta da amfilifaya mai wat 500 aka murɗe har ƙarshe, siririyar wayar da aka naɗe a cikinta za ta yi zafi ta ƙone, ko takardar ta yage. Lambar da za a duba ita ce ta RMS, wadda ke nuna abin da na'urar ke jurewa a kai a kai. Manyan lambobin PMPO da ake bugawa a jikin kwali talla ce kawai.

Wurare biyu kuma da mutanenmu kan sa kalmar ba muhallinta ba. Idan wutar NEPA ta zo da ƙarfi ta ƙona talabijin, sunan abin “high voltage” ko “power surge”. Janareton da ya yi wa gida girma kuwa an fi ce masa “oversized”.

Har a binciken kimiyya tana nan, da wata ma'ana ta daban. “Power” a ilimin ƙididdiga ita ce damar da bincike ke da ita ta gano bambanci idan da gaske akwai shi, kuma al'ada ita ce a nemi kashi 80 cikin 100. Bisa lissafin da masanin nan Jacob Cohen ya yaɗa, gano matsakaicin bambanci tsakanin rukuni biyu yana buƙatar mutum 64 a kowane rukuni, ƙaramin bambanci kuwa kusan 394. Binciken da ya tara mutane ninkin-ba-ninkin abin da tambayarsa ke buƙata shi ne “overpowered study”. Aibinsa biyu: an kashe kuɗi an kuma jefa ƙarin mutane cikin gwaji ba dalili, sannan bambancin da bai taka kara ya karya ba, a ce magani ya rage hawan jini da ɗigo ɗaya tak, zai fito a lissafi kamar wani babban abu.

OP

Yau idan matashi ya furta kalmar, galibi daga wasan gem ya ɗauko ta, kuma a gajarce: OP, ana furtawa “o-pi”. Bindiga, mota, ɗan wasa ko wata dabara a PUBG, Free Fire ko eFootball ana ce mata OP idan ta ba mai riƙe da ita rinjayen da ya ɓata gasar.

Ƙarfi kaɗai ba ya sa abu ya zama OP, kuma a nan ne masu yawan korafi a gidajen gem ke kuskure. A wasan dara na chess, sarauniya ta fi kowa: ana ƙiyasta ta da maki 9, ƙaramin soja maki 1. A da gida ɗaya take takawa a karkace, sai a ƙarshen ƙarni na 15 aka sauya doka a Turai ta koma tana ratsa allo duk inda ta so. Duk da haka ba wanda zai kira ta OP da gaske, domin kowane ɓangare yana da guda, kuma ana iya tarfa ta a cinye. Abu yana zama OP ne idan amfaninsa ya fi tsadarsa nesa ba kusa ba, babu wata dabarar da ke karya shi, har ta kai duk mai son nasara dole shi zai ɗauka. Daga nan wasa mai zaɓi hamsin ya koma mai zaɓi ɗaya.

A Disamba 2018 kamfanin Epic Games ya saka wani takobi mai suna Infinity Blade a wasan Fortnite. Kwana uku kacal ya yi aka cire shi, kamfanin da kansa ya amsa cewa ya fitar da shi “overpowered” ba tare da abin da zai karya shi ba. Tun kafin wannan, an hana ɗaukar wani gwarzon cikin wasa mai suna Akuma a gasannin Super Street Fighter II Turbo a Amurka, kuma katin Black Lotus na wasan Magic: The Gathering, wanda ya fito a 1993, haramtacce ne a kusan duk tsare-tsaren gasa, inda aka yarda da shi ma guda ɗaya tak ake bari. Masu wasan Whot da kan zare katunan da ke ɗauke da lamba 20 kafin a raba, abin da suke yi ke nan ko ba su san sunansa ba.

Kamfanoni ba da ji-ta-ji-ta suke yanke hukunci ba. Suna duba sau nawa ake cin wasa da abin, sau nawa ake zaɓarsa, sau nawa abokan hamayya ke hana a ɗauke shi. Daidaitaccen abu yana yawo ne kusa da kashi 50 cikin 100 na nasara. A ma'aunin da Riot Games ya fitar wa League of Legends a 2019, gwarzon da ya haura kashi 54.5 a hannun matsakaitan 'yan wasa ya shiga layin waɗanda za a rage wa ƙarfi. Tazarar ba ta kai maki biyar ba, amma a cikin miliyoyin wasanni ta isa ta karkatar da komai.

Rage ƙarfin shi ake kira “nerf”, daga sunan kayan wasan yara na Nerf da ake yi da soso tun wajen 1970, wato an mayar da takobin ƙarfe na soso. Ana danganta yaɗuwar kalmar da 'yan wasan Ultima Online na 1997. Kishiyarta “buff”, ƙara wa rarrauna ƙarfi. Abin da ya wuce OP ma ana ce masa “broken”. Akwai kuma “power creep”, inda kowane sabon abu da kamfani ya fitar sai ya ɗara na baya don a saya, har tsofaffin su zama tarkace. Duk wanda ya ga yadda a gem ɗin ƙwallo katunan 'yan wasa na ƙarshen kaka ke mayar da na farkon kaka abin dariya ya san wannan.

Daga gem ta bazu. Jarumin fim ɗin Indiya da ke tarwatsa ƙarti hamsin ko gilashin idonsa bai faɗi ba, OP ne, kuma a wajen masu sharhin labari wannan suka ce, domin wanda ba a iya kayarwa ba ya sa gaban mai kallo ya faɗi. A hirar abokai kuwa ta juye ta zama yabo: “this suya is OP” na nufin tsiren ya kai maƙura. Ana cewa “an OP weapon”, ba “a OP weapon” ba, saboda da wasali furucin ya fara. Ba ta shiga takardar jarrabawar WAEC ko IELTS, ko wasiƙar neman aiki. Kuma a zaurukan intanet OP na iya nufin “original poster”, wanda ya fara kawo maganar da ake tattaunawa, don haka “OP is right” ba ta da alaƙa da ƙarfi ko kaɗan.

To yaya za a gane wace fuska ce a gabanka? Idan “by” ta biyo baya da sunan wani, “overpowered by three men”, an danne shi ne. Idan kalmar auna yawa ta gabace ta, “slightly overpowered” ko “too overpowered”, ƙarfi ne ya yi yawa, don ba a danne mutum kaɗan-kaɗan. Gwajin da ya fi kaifi shi ne a sa “underpowered”, wato wanda ƙarfinsa bai isa ba, a gurbinta. Idan jimlar ta tsaya da ƙafarta, kamar “the car is underpowered”, to ma'ana ta biyu ce. Idan ta zama shirme, ta farko ce. Sannan idan mutum ne mai rai ake magana a kai, a rubutu na hukuma ko na jarida, mai karatu zai ɗauka ta farko ce ko da babu “by”.

Wannan na ƙarshe shi ke kayar da ɗaliban shari'a da kimiyyar siyasa. Ɗalibi yana sharhi kan sashe na 308 na kundin tsarin mulkin Nijeriya na 1999, wanda ya ba shugaban ƙasa da gwamnoni da mataimakansu kariya daga gurfana a kotu muddin suna kan mulki, sai ya rubuta “governors are overpowered”. Nufinsa ikonsu ya yi yawa. Abin da malaminsa zai karanta shi ne an fi ƙarfin gwamnoni. Ga ikon mulki da ya wuce gona da iri Turanci yana da nasa kalmomin. Mafi sauƙi kuma mafi aminci ita ce “too powerful”. Akwai “overmighty”, tsohuwar kalma da ake jinginawa ga Sir John Fortescue, alƙalin Ingila na ƙarni na 15, wanda ya yi gargaɗi kan hakiman da ƙarfinsu ya kai su ja da sarki. Akwai “imperial presidency”, laƙabin da masanin tarihi Arthur Schlesinger ya yaɗa a 1973 kan shugabancin Amurka da ya fi ƙarfin majalisa, da “elective dictatorship” da Lord Hailsham ya yi amfani da ita a 1976 kan gwamnatin Birtaniya mai rinjaye a majalisa. Idan hali ne na mutum, mai danniya da isa, “overbearing” ko “high-handed”. Idan jami'i ya taka iyakar da doka ta shata masa, “overreach”, a gaban alƙali kuma lauya zai ce abin da ya yi “ultra vires” ne, Latin ke nan, ma'ana ya wuce hurumin ikonsa, ya nemi kotu ta soke shi.